Igiyar hawa Wata ta dakon kaya ce, ba ta fasinja ba

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Muna roƙon ka ba mu ɗan fili a jaridarka mai farin jini, domin mu warware wata magana da ake yawan cakuɗawa duk lokacin da aka tayar da zancen lif na sararin samaniya, wato igiyar da za a rataya a sama a riƙa hawa da kaya ba tare da roka ba. Akan haɗa abu biyu a kira su da suna ɗaya: igiyar da za a kafa a Duniya da wadda za a kafa a Wata. Daga nan sai jama'a su rabu, wasu su ce tatsuniya ce, wasu kuma su ɗauka nan da 'yan shekaru za a riƙa yankar tikiti kamar na jirgin Abuja zuwa Kaduna. Ta Duniya dai babu zaren saƙa ta a yau. Ta Wata kuwa zarenta yana kasuwa, ana sayar da shi tan-tan. Sai dai abin da za ta iya ɗauka, da wahalar da ke cikin riƙon ta, sun sha bamban da abin da ake zato. Lissafin da zai biyo baya namu ne, kuma duk mai kalkuleta zai iya bin sawunsa.

Tunanin ya daɗe. A 1895 Konstantin Tsiolkovsky na Rasha ya kwatanta hasumiyar da za ta kai sararin samaniya. A 1960 wani injiniya a Leningrad, Yuri Artsutanov, ya juya abin, ya ce maimakon a yi gini daga ƙasa a sako igiya daga sama. Jerome Pearson na Amurka ya fitar da lissafin ta Wata a 1979, sannan a 2019 Zephyr Penoyre da Emily Sandford suka sake tayar da zancen da wani tsari mai tsawon gaske.

Me zai riƙe igiyar a tsaye? Wata yana juya kansa sau ɗaya cikin kwana 27.3, daidai da lokacin da yake ɗauka ya zagaye Duniya, shi ya sa fuska ɗaya yake nuna mana kullum. Idan aka kafa turke a tsakiyar wannan fuskar, a filin da ake kira Sinus Medii, igiyar da aka ɗaura masa za ta riƙa nuna Duniya dare da rana. Kimanin kilomita 56,000 daga doron Wata akwai wurin da masana ke kira L1, inda jan Wata da jan Duniya da wurgin zagaye suke yin kunnen doki. Abin da ke ƙasa da L1 Wata yake faɗawa, abin da ya wuce shi kuma Duniya ke janyewa. Kamar dai a rataya igiya a kan katanga ne, guga a wannan gefe, dutse a wancan. Muddin gefen Duniya ya ɗan fi rinjaye, igiyar tana miƙe, kuma turken da ke Wata ne ke hana ta tafiya.

Abin da ya raba igiyar Duniya da ta Wata shi ne zurfin rijiyar da za a fito daga ciki. Duk mai jan ruwa ya san igiya nauyin kanta take fara ɗauka kafin na guga. In aka yi ta sako ta, akwai tsawon da za ta kai ta tsinke ba tare da an rataya mata komai ba, kuma ƙara mata kauri ba ya ƙara wannan tsawon, tun da kaurin ma nauyi ne. A irin jan da muke ji a doron ƙasa, wayar ƙarfe mai kyau tana kaiwa kilomita 26. Zaren Kevlar, wanda ake saƙa rigar sulke da shi, yana kaiwa wajen 255. Dyneema, na igiyoyin jiragen ruwa, da Zylon na kamfanin Toyobo a Japan, suna kaiwa 370 zuwa 380. To idan aka auna dukan jan da igiyar Duniya za ta sha daga ƙasa zuwa kilomita 35,786, inda taurarin sadarwa ke tsaye, daidai yake da rijiya mai zurfin kusan kilomita 5,000. Wannan ita ce rijiya gaba dubu ta gaskiya. Ta Wata kuwa, daga doronsa har L1, kilomita 275 ce kacal.

Dabarar da ake yi wa rijiyar da ta fi ƙarfin igiya ita ce a saƙa igiyar siririya a ƙasa, tana ƙara kauri zuwa sama inda nauyi ya taru. A nan ne lissafin ke yin tsalle. Da Zylon, kowane zare ɗaya a doron Duniya yana neman fiye da zare 400,000 a can sama su riƙe shi. A Wata zare biyu sun isa. Idan aka ce ba za a ɗora wa zaren fiye da rabin ƙarfinsa ba, wanda shi ne mafi ƙarancin rarar da injiniya mai hankali zai yarda da ita, sai ya koma huɗu da 'yan kai. Ƙarfe ko a Wata bai yi ba, domin zai nemi kusan 40,000. Su kuma ƙananan bututun kabon da ake sa ran za su ceci igiyar Duniya, mafi tsawon da aka taɓa tsirarwa guda ɗaya a ɗakin gwaji bai kai mita ɗaya ba.

Mu ɗauki misali ƙarami, amalanke mai hawa igiya wanda shi da kayansa kilo 100 ne. A Wata nauyinsa bai wuce na kilo 16 da rabi a wajenmu ba, saboda jan Wata kashi ɗaya cikin shida ne na namu. Zaren Zylon mai kaurin kashi ɗaya cikin uku na milimita ya ishe shi a gindi. A L1 kaurin zai kai kashi biyu cikin uku na milimita, kamar zaren ɗinkin takalmi, kuma kowace kilomita tasa rabin kilo ce da ɗan ɗori. Yana da sauƙi a ji wannan a ce ai abin ba wuya. Amma kaurin yana cika ne tun cikin kilomita dubu kaɗan na farko, sauran tafiyar duk da cikakken kauri ake yin ta, don haka gefen Wata kaɗai tan 29 ne.

Gefen Duniya ne ke cin kaya, kuma akwai ciniki a cikinsa. Dab da L1 jan Duniya kusan babu shi, saboda haka in aka yanke igiyar gajera, dutsen rinjayen da za a rataya mata zai yi nauyin fitar hankali. In ta tsaya a kilomita 100,000 daga Wata, dutsen zai kai kusan tan 370, ya doshi nauyin tashar sararin samaniya ta ƙasa da ƙasa gaba ɗayanta. In aka miƙa ta zuwa kilomita 250,000, dutsen tan 20 ya isa, amma ƙarin zaren zai ci tan 87. In ta kai kimanin 290,000 ba ta bukatar dutse sam, nauyin kanta ya wadatar. A tsarin 250,000 jimilla kusan tan 140 ke nan, don amalanken kilo 100. Rokar SLS ta Amurka tana iya tura tan 27 zuwa Wata a tashi ɗaya, wato tashi biyar ko shida kafin a taɓa komai. Tsare-tsaren da ake bugawa da tan 40 ko 50 sun samu wannan adadin ne ta hanyar rage rarar aminci ko rage kaya. Turken shi ne abu mafi araha a aikin duka, domin jan da zai riƙe bai wuce na kilo 24 ba. Ƙasar Wata mai yawan buhun siminti uku ta kusa danne shi, in aka cika buhu goma an wuce wurin.

Shimfiɗa ta kuma daga tsakiya ake farawa. Za a kai kwarkwaron zaren L1 kashi-kashi, a haɗa su a can, sannan a riƙa warwarewa gefe biyu lokaci guda, ɗaya zuwa Wata ɗaya zuwa Duniya, ana lura kada wani gefe ya rinjayi wani. Matsalar ita ce L1 wuri ne kamar tsinin tulu da aka kifa, abin da aka ajiye ba ya zama. Duk kaucewar da aka yi takan ninka kusan kowace rana, sai an riƙa gyarawa da ƙananan injina. An san yadda ake yi, domin kumbuna biyu na shirin ARTEMIS na hukumar NASA sun yi shawagi a kewayen L1 da takwaransa L2, wanda ke bayan Wata, daga 2010 zuwa 2011, amma su ƙananan kumbuna ne, ba su jan jela mai tsawon dubban kilomita. A farkon warwarar babu jan da zai miƙar da zaren, don haka kowane baki sai an sa masa ɗan injin da zai ja shi, in ba haka ba ya yi laushi ya sarƙe. In ana sako mita 10 a daƙiƙa, gefen Duniya zai ɗauki kwana 225 ba tsayawa. Kwarkwaron kuma dole ya kasance da birki, kuma zafin birkin ba iskar da za ta ɗauke shi.

Bayan an ɗaure ma igiyar ba sandar ƙarfe ba ce. A rabin ƙarfinsa Zylon yana miƙewa kashi ɗaya cikin ɗari, wato kusan kilomita 2,700 a wannan tsawon. In aka girgiza ta a gindi, girgizar sai ta yi kwana biyu kafin ta isa ɗaya bakin, ta kuma dawo. Ga shi hanyar Wata ba da'ira ce cikakkiya ba. Yakan matso har kilomita 363,000, ya ja baya har 405,000, kuma L1 yana bin sa da kai-komo na kusan kilomita 6,000 duk wata. Fuskarsa ma tana ɗan kaɗawa hagu da dama kusan digiri 8, sama da ƙasa kusan 7. Saboda haka jan da ke kan turke yana hawa yana sauka, kuma ana bukatar injin naɗe igiya a gindi mai sassautawa da ɗaurewa, da kwamfutar da za ta hana hawan amalanke ya dace da lilon igiyar ya ƙara masa ƙarfi.

Amalanken kansa tayoyi ne biyu ko huɗu da suka matse igiyar tsakaninsu, da mota mai aiki da lantarki, da farantan sola. Ta fuskar wuta abin dariya ne: ɗaga kilo ɗaya daga doron Wata zuwa L1 yana cin kashi uku cikin huɗu na yunit ɗaya na mitar gida. Rabin wannan wutar ana ƙone ta ne a kilomita 1,700 na farko, inda jan ya fi ƙarfi. Farantan sola masu faɗin murabba'in mita 5 suna ba da kilowat 2 a can, kuma da wannan amalanken kilo 100 zai bar gindi da gudun kilomita 40 a awa ko ƙasa da haka, yana ƙara sauri yayin da nauyi ke raguwa. Abin da ke tsayar da saurin daga baya tayoyi ne. Tayar da faɗinta santimita 20 ne, a gudun kilomita 200 a awa tana juyi 5,300 a minti, kuma kafin a kai L1 ta yi juyi kusan miliyan 90 cikin kwana 12. Giris na gari yana ƙafewa inda babu iska, sai an yi amfani da na musamman ko busasshen man shafawa. Boris ɗaya ya ci, amalanke ya maƙale a kilomita 30,000, duk wanda ke bayansa ya tsaya, kuma ba makaniken da zai hau. Ga ƙurar Wata, wadda ba ruwa ko iskar da ta taɓa goge mata kaifi, tamkar garin kwalba take. Ita ce ta ci rigunan 'yan saman jannatin Apollo, shirin Amurka na kai mutane Wata, cikin kwana uku. In ta hau tayoyi, to kowane hawa fiƙe igiyar ake yi, shi ya sa wajen lodi dole a ɗaga shi sama da ƙasa a kuma hana roka sauka kusa da shi.

Akwai kuma dare. A tsakiyar fuskar Wata rana tana fitowa ne wajen 7 ga watan Musulunci, ta take tsaka a daren sha huɗu, ta faɗi wajen 22. Daga nan gindin igiyar duhu ne na mako biyu, kuma nan ne ake bukatar wuta fiye da ko'ina. Batirin da zai ɗauki amalanke ya fitar da shi daga inuwa zai cinye wurin kaya. Ko dai a haska masa wuta daga ƙasa da leza, wanda ke nufin tashar lantarki a Wata, ko a yarda cewa rabin wata kawai ake lodi.

Yanzu sai a ƙirga amfanin. Idan amalanke ya kai kilomita 5,200 nauyinsa ya koma kashi ɗaya cikin 16, don haka ana iya sakin na biyu bayan kamar kwana biyu. Amalanke bakwai ke nan a wata. In rabin nauyin kowanne kaya ne, an samu kilo 350. A gefe guda wannan ba ƙaramin abu ba ne, domin saukar Apollo shida daga 1969 zuwa 1972 kilo 382 suka kawo gaba ɗaya, kumbon Chang'e 5 na Sin ya kawo giram 1,731 a 2020, Chang'e 6 kuma giram 1,935 a 2024. A ɗaya gefen, tan huɗu ne a shekara daga igiyar tan 140, wato sai ta yi fiye da shekara 30 kafin ta ɗaga kwatankwacin nauyin kanta. Ba a ma sa lissafin dawo da amalanken ba, alhali hanya ɗaya ce, mai hawa da mai sauka ba sa wuce juna cikin sauƙi.

Shekara 30 ɗin nan ita ce inda muke da shakka mafi girma, kuma tarihin igiyoyin da aka gwada a sama ne ya sa. A 1992 an yi niyyar sako kilomita 20 daga kumbon Atlantis, zaren ya maƙale a mita 256 saboda wani ƙusa da ya tokare injin warwara. A 1996 aka sake gwadawa daga kumbon Columbia, ya kai kilomita 19.7, tartsatsin lantarki ya ƙone shi ya tsinke. A 1994 igiyar SEDS-2 mai kilomita 20 ta warware lafiya lau, amma ba ta cika kwana huɗu ba wani abu ya datse ta. Wata igiya mai kilomita 4 da aka harba a 1996, mai kauri fiye da SEDS-2, ta yi shekara goma. Mafi tsawon da aka taɓa sakowa ita ce ta ɗaliban Turai a 2007, kilomita 31.7. Tsakanin wannan da 250,000 ninki ne kusan 8,000.

Abin da ke datse su ɓarɓashin duwatsu ne da ke yawo da gudun kilomita 20 a daƙiƙa, wasu har 70. A wannan gudun ƙwayar da ba ta kai ƙwayar yashi ba ta isa ta raba zaren takalmi biyu. Zaren namu siriri ne, amma in aka ninka kaurinsa da tsawonsa, filin da ya shimfiɗa wa waɗannan tsakuwoyi ya haura hekta 16. Zare guda ba zai ga ƙarshen mako ba. Maganin da Robert Hoyt da Robert Forward suka fitar shi ne a saƙa ta kamar komar masunta: zarurruka da yawa a jere da tazara tsakaninsu, ana haɗa su da na gicciye kowane 'yan mita, yadda in ɗaya ya tsinke nauyinsa ya bi ta maƙwabta ya dawo. Hakan na aiki, amma yana ƙara nauyi a kan tan 140 ɗin can, yana wahalar da tayoyi, kuma yana nufin wasu amalanken aikinsu kawai sintiri da faci har abada.

Zaren ma yana tsufa. Zylon ba ya shiri da hasken rana, kuma a 2005 hukumomin Amurka sun janye amincewa da rigunan sulken 'yan sanda da aka saƙa da shi saboda yadda ƙarfinsa ke zubewa. A sama babu laimar da ta taimaka wajen lalata waɗancan riguna, amma ƙunar rana tsirara take, don haka sai an lulluɓe kowane zare da fatar ƙarfe mai ɗan karen siranta, tayoyi kuma suna kankare ta. Dyneema yana narkewa a wajen digiri 145, ƙasar Wata da tsakar rana tana kaiwa 120, kuma ɗabi'arsa ce ya riƙa saki a hankali in an bar shi da kaya shekara da shekaru. Zaren kabon yana jure zafi da haske, sai dai ba ya son lanƙwasa, kwarkwaro da taya kuwa lanƙwasa ce sana'arsu.

Sai batun wuri, wanda masu talla ba su cika ambata ba. Kayan da ya fi daraja a Wata ƙanƙara ce, domin daga ruwa ake fitar da man roka da iskar shaƙa. A Oktoban 2009 aka rotsa kumbon LCROSS cikin ramin Cabeus aka tabbatar da ruwa a ƙurar da ta tashi. Cabeus yana ƙuryar kudu, turken igiya kuma yana tsakiya, tsakaninsu kimanin kilomita 2,600, kusan tafiyar Kano zuwa Legas sau uku, ba hanya ba gada. Pearson ya ba da shawarar a karkatar da reshe zuwa kudu, amma igiyar da ta kwanta a karkace tana neman ƙarin kauri tana kuma rage kaya. Ga kumbunan da ke zagaye Wata ta kan ƙuryoyinsa, irin LRO da ke can tun 2009 yana gudun kilomita 1.6 a daƙiƙa. Wata yana juyawa a ƙarƙashin hanyarsu, don haka sau biyu a wata igiyar takan ratsa ta, sai an riƙa kauce musu ko su kauce mata.

Abu mafi muhimmanci ga mai karatu shi ne cewa wannan igiya ba ta taɓa Duniya, kuma ba za ta taɓa ba. Mai son zuwa Wata sai ya hau roka ya sha gudun kilomita 9 da ɗori a daƙiƙa kafin ya zauna a falakin ƙasa-ƙasa, ya ƙara kusan 4 kafin ya kai L1. Abin da igiyar ke ɗauke masa shi ne 2.5 na sauka da 2.5 na tashi. Ba a raina shi ba, tun da rabin nauyin ɓangaren Apollo da ke tasowa daga Wata mai ne zalla, amma babban kuɗin yana nan inda yake. Ta fuskar aiko da kaya gida kuwa akwai daɗi. Igiyar tana zagaye Duniya ne da saurin Wata, wato a hankali ƙwarai, don haka abin da aka saki a kimanin kilomita 220,000 daga Wata zai gangaro da kansa ya shigo iskar Duniya cikin kwana ɗaya da rabi ba tare da ɗigon mai ba. Zai shigo da gudun kusan kilomita 11 a daƙiƙa, saboda haka garkuwar zafi da lema dole ne, kuma su ma sai an kai su can.

Wannan daɗin yana da baya. Dutsen rinjaye na tan 20 yana rataye ne ƙasa da wancan wurin saki, ma'ana in igiyar ta tsinke kusa da shi, Duniya zai nufo kai tsaye, kwana ɗaya ya iso. Zaren zai ƙone a iska, tan 20 na ƙarfe kuwa ba duka zai ƙone ba. Ko a ba shi injin kauce wa Duniya mai tashi da kansa, ko a yi shi guntu-guntu yadda zai watse. Tsarin 2019 ya fi wannan kusantowa, domin bakin igiyar zai sauko ne har kusa da layin taurarin sadarwa. Rijiyar gefen Duniya daga L1 zuwa can kusan kilomita 800 ce a ma'auninmu na ɗazu, ninki uku na ta Wata, ga kuma bakin yana shiga da fita da kilomita 42,000 duk wata. In an auna tsawon da matsakaicin nisan Wata, to ranar da ya matso bakin zai kutsa cikin layin, inda taurari ke gudun kilomita 3 a daƙiƙa shi kuma kusan a tsaye. Tauraron NigComSat-1R na Najeriya da aka harba a 2011 a wannan layin yake. Najeriya ta sa hannu a yarjejeniyar Artemis ta ƙa'idojin binciken Wata a Disamban 2022, kuma tana cikin yarjejeniyar sararin samaniya ta 1967 da ta hana kowace ƙasa mallakar wani yanki na Wata. L1 kuwa guda ɗaya ne, wanda ya riga ɗaura igiyarsa ya tare hanya ko bai ce ya mallaka ba. Wannan magana ce da wakilanmu a zaurukan Majalisar Ɗinkin Duniya za su iya tayarwa ba tare da muna da roka ba.

Game da ɗaukar mutane, a bar zancen tukuna. Ɗakin da zai riƙe mutum biyu da iskarsu da ruwansu ya haura tan biyu, don haka duk adadin da muka kawo sai a ninka shi sau 20 ko fiye, igiya ta koma dubban tan. Sannan su yi kwana 12 a rataye a fili ba mafaka, alhali guguwar rana irin ta Agustan 1972, wadda Allah ya sa ta faɗo tsakanin Apollo 16 da 17, tana iya isowa cikin sa'o'i.

Kamfanin Obayashi na Japan ya sanar tun 2012 cewa yana hangen igiyar Duniya a 2050, wasu kuma sun tara kuɗi a intanet a shekarar da alkawarin ta Wata, har yau ba a rataya ko mita ɗaya ba. Ba girin-girin ba dai, ta yi mai. Alamar da muke ba masu karatu shawarar su jira ƙarama ce kuma ba ta da tsada: ranar da wata hukuma ta kai ragar kilomita 1,000 kusa da L1, ta bar ta shekara biyu a rana da tsakuwa, ta sa ɗan amalanke ya yi ta kai-komo a kanta, sannan ta fito ta faɗi zare nawa ne suka tsinke da kashi nawa na ƙarfin sauran ya rage.

Wassalam.

Daga wasu injiniyoyi da malaman kimiyya masu karanta wannan jarida, Zariya.